Ɗana, Ka Yi Lissafi Kafin Ka Ci Bashin Gida

 Ka kai munzalin da magidanci yake fara tunanin inda zai ajiye iyalinsa, kuma wannan tunani ne na masu hankali. Duk wanda ya taɓa zaman haya ya san ɗacinsa: shekara na zagayowa mai gida ya aiko da ƙari ba shawara, ko a wayi gari a ce a kwashe kaya domin ɗan mai gida zai yi aure. Don haka ba zan hana ka neman muhallin kanka ba, addu'a ma nake taya ka da ita. Abin da zan ja maka kunne a kansa shi ne bashin da ake ci domin a mallaki gidan, irin wanda banki yake bayarwa ya riƙe takardun gida jingina har sai an gama biya. Ke ma 'yata, ko malamar makaranta ce ke ko ma'aikaciyar asibiti, ki matso kusa, maganar ta shafe ki.

A da, a nan Arikya da ƙauyukan da ke kewaye da ita, ba a san wannan al'amari ba. Saurayi in zai yi aure, sai a yanka masa wuri a gidan gado, 'yan'uwa da abokai su yi gayya, a kwaɓa ƙasa, a ɗora jinka, shi ke nan an yi ɗaki. Amma tun da aka cire Jihar Nasarawa daga tsohuwar Jihar Filato a ranar 1 ga Oktoba, 1996, aka mai da Lafiya babban birni, abubuwa suka sauya. Ma'aikata suka cika gari, jami'ar tarayya ta zo a 2011, gonakin bakin gari suka koma fulotai. 'Ya'yanmu da yawa suka zama masu albashi a Lafiya da Akwanga da Keffi, wasu kuma suna kwana a Mararaba da Masaka suna aiki a Abuja. Mai albashi kuwa shi banki yake nema, domin kuɗinsa yana da ranar zuwa.

Idan ka zauna gaban jami'in banki, zai tarbe ka da fara'a, ya danna kwamfuta, ya faɗa maka abin da za a riƙa cirewa duk wata. Yawancin mutane nan suke tsayawa. Su auna adadin da albashinsu, su ga zai yiwu, su karɓi biro. Ni kuwa tambayoyi uku nake so ka yi kafin ka taɓa biron. Na farko, nawa zan biya duk wata? Na biyu, ranar da na gama, nawa na biya gaba ɗaya? Na uku, bayan shekara goma ina biya, nawa ya rage a kaina? Amsar farko ita za ta gaya maka ko iyalinka za su ci tuwo a wannan wata. Ta biyu ita ce ainihin farashin gidan. Ta uku kuwa ita za ta nuna maka halin da za ka shiga in tafiya ta tsaya a tsakiya. Wanda ya san amsa ɗaya bai san biyun ba, da ido rufe ya sa hannu.

Ɗauko biro da takarda mu yi lissafin tare. Mu ce ka ci bashin naira miliyan 10, kuɗin ruwa kashi 6 cikin 100 a shekara, za ka biya cikin shekara 30. Wannan yana cikin sharuɗɗa mafi sauƙi da ma'aikaci zai samu a ƙasar nan. Abin da za ka riƙa biya duk wata shi ne naira 59,955. Shekara 30 wata 360 ke nan. Ninka 59,955 sau 360, za ka samu naira miliyan 21 da dubu ɗari 5 da 83 da 'yan kai. Ka karɓi miliyan 10, ka mayar da fiye da miliyan 21 da rabi. Kuɗin ruwa kaɗai ya fi uwar kuɗin yawa, ga shi kuma a kan sharaɗi mai sauƙi muke magana.

Yanzu ka ce a buga maka jadawalin biya, wato takardar da take nuna inda kuɗin kowane wata yake tafiya, ka sa yatsa a layin farko. Daga cikin naira 59,955 da ka biya a watan farko, naira 50,000 cif kuɗin ruwa ne. Naira 9,955 ce kawai ta taɓa uwar bashin. Sauko layi na biyu: ruwa naira 49,950, uwar kuɗi naira 10,005. Dalili shi ne, ana lissafa ruwan kowane wata ne a kan abin da ya rage a kanka, da farko kuwa kusan duk bashin yana nan. A shekarar farko za ka biya kimanin naira 719,000, amma bashin bai ragu da abin da ya kai naira 123,000 ba. Abin kamar noman ciyawa ne a tsakiyar damina: kafin ka kai kunyar ƙarshe, ta farko ta sake tsirowa. Sai ka haura shekara 18 kafin kason da yake rage uwar bashi ya rinjayi kason ruwa, kuma sai a shekara ta 21 za ka ga rabin uwar kuɗin ya tafi.

Ga amsar tambaya ta uku: bayan shekara 10 ba ka taɓa fashi ba, ka zuba kusan naira miliyan 7 da dubu ɗari 2, amma har yanzu ana bin ka kimanin miliyan 8 da dubu ɗari 3 da 70. In a wannan lokaci aiki ya ƙare, ko ciwo ya kwantar da kai, biya ya tsaya, tara za ta fara hawa, wasiƙu su biyo baya, daga ƙarshe banki yana da ikon sa gidan a kasuwa. Zai fara cire abin da yake bin ka, da tara, da kuɗin lauya da na dillali, in wani abu ya saura shi ne naka. Mutum yana ganin ya biya sulusin gidansa tunda ya cinye sulusin shekaru, ashe ko kashi ɗaya cikin biyar bai kai ba.

Yawan shekaru shi yake sauƙaƙa wata, kuma shi yake tsadar da gida. Wannan miliyan 10 ɗin, in ka biya cikin shekara 20, wata zai zama naira 71,643, jimla kuma kimanin miliyan 17 da dubu ɗari 2. In shekara 15 ce, wata naira 84,386, jimla kimanin miliyan 15 da dubu ɗari 2. Ka duba tsakanin shekara 30 da shekara 20: ƙarin da bai kai naira 12,000 a wata ba ya hana fiye da miliyan 4 fita daga aljihunka. Saboda haka kada ka zaɓi mafi tsawon wa'adi don kawai ya fi daɗin ji, ka zaɓi mafi gajarta da za ka iya ɗauka ba tare da ka ƙuntata wa iyali ba. In kuwa dole ta sa ka ɗauki shekara 30, akwai dabara: duk wata ka ɗora naira 10,000 a kan abin da aka yanka maka, da sharaɗin a zuba ta kan uwar bashi. Da wannan kaɗai za ka gama cikin shekara 21, ka tsira da kusan miliyan 4. Amma ka tambaya tun farko ko an yarda a biya kafin lokaci ba tare da tara ba, kuma ka ga amsar a rubuce.

Wannan ruwa na kashi 6 da muke misali da shi na Asusun Gidaje na Ƙasa ne, wanda ake kira NHF. An kafa shi da doka a 1992, kuma Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, shi ke kula da shi. Ana cire kashi 2.5 cikin 100 na albashin ma'aikaci duk wata a zuba a asusun. Wanda ya yi aƙalla wata shida yana zubi yana da damar neman rance ta hannun bankunan lamunin gidaje masu lasisi, a biya cikin wa'adin da bai wuce shekara 30 ba. Duba takardar albashinka. In ana cire maka wannan kaso, ka nemi lambarka, ka tabbatar kuɗin yana isa inda aka ce, domin haƙƙinka ne: ko ba ka ci rance ba, ana mayar maka da abin da ka tara idan ka yi ritaya. Sai dai ka shirya haƙuri, domin masu nema suna da yawa, takardu kuma suna ɗaukar lokaci.

Gajen haƙuri shi yake tura mutane bankunan kasuwanci, can kuwa lissafin daban ne. A farkon 2022 ma'aunin kuɗin ruwa na Babban Bankin Najeriya yana kashi 11.5 cikin 100. Kafin ƙarshen 2024 ya kai kashi 27.5. Bankuna kuwa a kan wannan ma'auni suke ɗora nasu. Mu ɗauki kashi 24 mu gwada. Miliyan 10 cikin shekara 10, wata zai kama naira 220,481, jimla kusan miliyan 26 da rabi. Ka ce ya yi nauyi, a tsawaita maka zuwa shekara 20: wata ya sauko zuwa naira 201,741, jimla kuma ta haura miliyan 48. Ka lura da kyau, ɗana. Sauƙin da ka samu a wata bai kai naira 19,000 ba, amma an ƙara maka kusan miliyan 22. A watan farko na wannan bashi, naira 200,000 ruwa ne, naira 1,741 ce ta rage uwar kuɗi. Da irin wannan ruwa, gidan zama ba ya biyan kansa, kuma albashin ma'aikacin jiha ba ya ɗaukarsa. Da muguwar rawa gwamma ƙin tashi.

Sannan ka tambaya: ruwan tsayayye ne ko mai canzawa? A takardun bankunan kasuwanci sau da yawa akwai layin da ya ba su ikon sake duba ruwan idan kasuwa ta motsa. Wanda ya ci miliyan 10 a kan kashi 18 na shekara 15 yana biyan kimanin naira 161,000 a wata. In bayan shekara biyu aka ɗaga ruwan zuwa kashi 28, abin da zai riƙa biya ya haura naira 230,000, albashinsa kuwa yana nan inda yake. Wannan tarko ba talakan Najeriya kaɗai ya kama ba. A Amurka an yi ta ba mutane bashin gida da ruwa mai sauƙi a shekarun farko, daga baya ya tashi, farashin gidaje kuma ya faɗi. Miliyoyin iyalai suka rasa gidajensu, katafaren bankin nan Lehman Brothers ya durƙushe a watan Satumba na 2008, girgizar ta zaga duniya. Gani ga wane ya ishi wane tsoron Allah.

Ka kuma kula da yadda ake faɗin ruwan. Wasu ƙananan bankuna da masu ba da rance ta waya sukan ce kashi 5 ne kawai, ba su ƙarasa da cewa a wata ba ne. Kashi 5 a wata kuwa kashi 60 ne a shekara. Wasu kuma suna lissafa ruwan a kan dukan abin da ka karɓa tun farko har ƙarshe, ko da ka biya rabi. In ka karɓi miliyan 2 don rufin kwano a kan kashi 10 na shekara 5 da irin wannan lissafi, za ka mayar da miliyan 3, wanda a gaskiya daidai yake da ruwan kashi 17 da ɗoriya. Ka tambaya ƙarara: a kan abin da ya rage ake lissafi, ko a kan abin da na karɓa? Matambayi ba ya ɓata.

Ƙa'idar masu ba da lamunin gida ita ce, abin da ake cirewa kada ya wuce kashi ɗaya cikin uku na abin da kake samu. Wato mai biyan naira 59,955 ya kamata albashinsa ya kai kimanin naira 180,000. Mai mafi ƙarancin albashi na naira 70,000, wanda aka sa wa hannu a watan Yuli na 2024, sulusinsa naira 23,000 ne da 'yan kai, abin da zai iya ɗauka kuwa bai kai miliyan 4 ba ko da a shekara 30. Ni kuma ina ƙara maka da cewa, sulusin nan iyaka ce ta banki, wanda bai san yawan bakunan da kake ciyarwa ba. Bai san da mahaifiyarka a gida ba, bai san da kuɗin makarantar ƙannenka ba, bai san da takin da kake aikawa gona duk damina ba. Ka auna kanka da watan da ya fi kowane tsanani: watan komawa makaranta ya haɗu da rashin lafiya, albashi kuma ya makara. Ka ƙiyasta ranar: waya ta yi ƙara, saƙon albashi ya shigo, kafin ka isa wurin mai POS saƙo na biyu ya biyo baya, banki ya ɗebi nasa. Abin da ya saura a allon wayar nan, da shi za a sayi masara da man girki da maganin zazzaɓi har wata ya mutu. In ka ga ba zai kai ba, to bashin ya fi ƙarfinka, ko da jami'in banki ya ce ka cancanta.

Shekarunka ma suna cikin lissafi. Galibi ma'aikacin gwamnati yana ajiye aiki in ya kai shekara 60 da haihuwa ko 35 yana aiki. Mai shekara 45 ba shi da shekara 30 a gabansa ta albashi, 15 gare shi, don haka naira 84,386 ce tasa, wadda take buƙatar albashin da ya haura naira 250,000. Tun 2022 hukumar fansho ta ƙasa, PenCom, ta yarda ma'aikaci ya ɗebi har kashi 25 cikin 100 na abin da ke asusun fanshonsa ya biya kafin alƙalamin gida. Dama ce, amma ka sani abincin tsufanka kake tsakura. Kada ka yarda bashi ya raka ka ritaya.

Bayan uwar kuɗi da ruwa, akwai kuɗaɗen da ba a cika ambata ba sai an yi nisa. Akwai kafin alƙalami, wato kason da za ka kawo daga aljihunka. Akwai kuɗin mai ƙiyasta darajar gida, da na lauya, da na safiyo, da harajin hatimi, da na rajista, da inshorar gobara, da inshorar rai wadda take biyan saura in mai bashi ya rasu. Uwa uba akwai takardar fili. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta damƙa ƙasar kowace jiha amana a hannun gwamna, kuma ba a jinginar da fili mai takardar gwamnati sai da amincewarsa. Takardar ciniki da mai unguwa da shaidu suka sa wa hannu tana da daraja a tsakaninmu, amma banki takardar shaidar mallaka yake nema, wadda ake kira C of O, a jiharmu kuwa hukumar NAGIS ce take harkar. Ka je ka bincika filin kafin ka biya ko kwabo, domin an sha sayar da fili ɗaya ga mutum biyu. Kuma ina gargaɗinka da babbar murya: gidan gado da gonar gado ba naka ba ne kai kaɗai. Kada ka kai su jingina ba da yardar dukan magada ba, kada ka jawo wa marayu da zawarawa kwanan waje. Haka nan ka yi tunanin inda za ka kafa gidan. Miliyan 10 da aka zuba a Lafiya, kamar Bukan Sidi ko Shabu, tana iya samun mai saye ko ɗan haya. Wadda aka zuba a ƙauye, in rana ta ɓaci, da wuya ta dawo da rabinta.

Kai kuma ɗana manomi, naka lissafin ya bambanta. Kuɗinka na zuwa ne da kaka, in an haƙe doya, an girbe riɗi da agushi da shinkafa. Banki kuwa bai san kaka ba, wata ya sani. A watan Yuni da Yuli, lokacin da rumbu ya yi ƙasa, kuɗi duk sun shiga taki da ƙwadago, ranar biya za ta zo daidai yadda take zuwa a Disamba. Jinginar gona da iyayenmu suka sani ba ta da kalanda: mai kuɗi ya noma gonar, ranar da ka samu ka fanshe, bashin bai ƙaru ba. Ta banki tana ƙaruwa kana barci. Wanda ya ɗaure kansa da biyan wata-wata da kuɗin noma zai wayi gari yana sayar da amfanin gona a lokacin araha, ko ma ya sayar da iri. In ka ga dole sai ka ci rance, ka nemi wanda za a tsara biyansa da lokacin girbi.

Duk wannan lissafin aljihu ne. Akwai na lahira, wanda ya fi shi nauyi. Musulmi ya san Allah ya haramta riba, kuma aya mafi tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, a kan bashi ta sauka, tana umarni da a rubuta shi a kafa shaidu. Ɗan'uwanmu Kirista ma ya san misalin da ke cikin Luka sura 14, na mai son gina hasumiya wanda ya kamata ya fara zama ya ƙidaya kuɗin. Ka je wurin malamin da ka amince da iliminsa da tsoron Allahnsa, ka kai masa takardar ya gani. Yanzu akwai bankunan da ba sa mu'amala da ruwa: Jaiz ya fara aiki a 2012, TAJ a 2019, Lotus a 2021. A tsarin murabaha banki ya sayi gidan ya sayar maka da ribar da aka sani, farashi ya tsaya tun ranar ƙulla ciniki. A tsarin ijara gidan na banki ne, kana biyan haya har ya zama naka. Akwai kuma na tarayya, inda kake sayen kason banki kaɗan-kaɗan, haya tana raguwa. Amma halaccin ciniki bai ɗauke maka lissafi ba. Can ma ka yi tambayoyin nan uku, ka ƙara da ta huɗu: ana sake duba kuɗin hayar, kuma yaushe?

Adalci ne in gaya maka ɗaya gefen. Bashi mai ruwa tsayayye kuma kaɗan yana yin sauƙi da tafiyar shekaru, domin naira tana rage daraja. A watan Disamba na 2024 hauhawar farashi ta haura kashi 34 cikin 100. Naira 59,955 ta yau ba za ta yi nauyin haka ba nan da shekara 15, kuɗin haya kuwa kullum gaba yake yi. Wannan gaskiya ne, amma da sharaɗi biyu: ruwan ya kasance ba ya motsi, kuma samunka ya riƙa ƙaruwa. Mun dai ga yadda farashin abinci da sufuri ya yi tsalle bayan cire tallafin man fetur a watan Mayu na 2023, albashi kuwa ya daɗe bai bi sawu ba.

Hanyar da mafi yawan mutanenmu suka bi suka mallaki gida ita ce gini sannu a hankali. Bana a sayi fili a yi masa takarda. Baɗi bayan kaka a buga bulo, a zuba harsashi. In adashi ya zagayo a kai linta, in an sayar da riɗi a ɗora kwano, a gyara ɗaki ɗaya da banɗaki a tare, sauran a bi su daga ciki. Kuɗin hayar da aka huta biya ya koma siminti. Ita ma tana da nata haɗari, domin kayan gini ba sa jira. A farkon 2024 buhun siminti ya haura naira 10,000. Ka ga kangayen da ke bakin hanya, bango ya kai linta ya tsaya, ciyawa ta cika ɗakuna, rodi ya yi tsatsa, awaki sun mai da falo wurin kwana. Yawancinsu ba rashin kuɗi kaɗai ya tsayar da su ba, girman zane ne: mai ƙarfin ɗaki biyu ya kafa harsashin ɗaki shida don a ce wane ya yi gida. Ka zana abin da za ka iya rufewa. Sannu ba ta hana zuwa.

Abu na ƙarshe, kada ka ci bashin shekara 20 a ɓoye. Matarka ta sani, babban ɗanka ya sani, su san inda takardu suke, da nawa ake biya, da ko akwai inshorar rai. Rai a hannun Allah yake, kuma a shari'a sai an biya bashin mamaci kafin a raba gado. Kada iyalinka su fara jin labari daga bakin ma'aikacin banki ana zaman makoki. Haka in wani ya ce ka tsaya masa, ka sani ranar da ya gaza kai za a kama. Kada kunya ta sa ka ɗauki abin da ba za ka iya biya ba.

Bashi hanji ne, yana cikin kowa, ba abin kunya ba ne. Abin kunya shi ne mutum ya sa hannu a kan abin da bai karanta ba. Don haka ka karɓi takardar ka tafi da ita gida, kada ka sa hannu a ranar. Ka ce a ba ka jadawalin biya daga watan farko har na ƙarshe. Ka ninka kuɗin wata da yawan watanni da hannunka. Ka tara ƙananan kuɗaɗen duka a kai. Ka nuna wa lauya, ka nuna wa malami, ka yi shawara da iyalinka. In lissafi ya fita, kuma zuciyarka ta natsu da halaccinsa, ka shiga da ƙarfin gwiwa, ka riƙa biya a kan lokaci, ka rage uwar bashi duk sanda ka samu sarari. In bai fita ba, ka mayar da biro aljihu, ka sayi filinka, ka fara buga bulo. Ɗaki biyu da ka mallaka sun fi bene da ake bin ka. Allah ya ba ka muhalli na halal, ya tsare ka da bashin da ya fi ƙarfinka.